Martani: Da Wace Doka Ake Riƙe Giratutin Wanda Ba a Tuhuma Ba?

Na karanta rubutun da ke cewa ma'aikata na da ikon riƙe giratutin wanda ya yi ritaya muddin ana zarginsa da ɓatan kuɗi, har sai ya wanke kansa. Malam, wannan magana ba ta da madafa a doka. Sashe na 173 na Kundin Tsarin Mulkin 1999 ya hana a riƙe fansho ko giratutin ma'aikacin tarayya sai yadda doka ta yarda, sashe na 210 ya ba ma'aikacin jiha wannan kariya, sashe na 36 kuwa ya wajabta a saurari mutum kafin a yanke masa hukunci. To, a ina aka saurari dattijon da ya yi shekara 35 yana aiki, yau yana zaman benci a ofishin fansho da fayil a hammata, ba takardar tuhuma, ba kwamitin bincike, kullum sai a ce ya dawo gobe?

Ka ce in an biya shi, dukiyar jama'a ta salwanta. A tuhume shi a rubuce mana, ya kare kansa, in laifi ya tabbata kotu ta ƙwato. A ƙarƙashin Dokar Fansho ta 2014 ma, kashi 8 cikin ɗari daga albashinsa ake cirewa, ma'aikata ta ƙara 10, kuma asusun da ake zuba kuɗin a ciki nasa ne. Wanda ya ƙi zubawa cikin kwana 7 na aiki shi ya karya doka. Duk wanda aka danne wa haƙƙi haka, ya kai ƙara Kotun Ma'aikata ta Ƙasa.