A Yi Mana Wasan Kwamfuta Da Ungulu

'Yan'uwana ɗalibai da iyayenmu, da yawa cikinku na ganin wasan kwamfuta ɓata lokaci ne. Ni dai ina ganin akwai irin wanda ya cancanci a shigo da shi aji.

A shekarar 1986 wata hukumar ilmi ta jihar Minisota a Amurka, mai suna MECC, ta fitar da wani wasa na kwamfutar Apple II, ana ce da shi Odell Lake. Sunan wani tafki ne a jihar Oregon. Yaro shi ne kifi a cikin tafkin. Duk abin da ya tunkaro shi, sai ya zaɓa: ya ci shi, ya kore shi, ya ƙyale shi, ko ya gudu, ko dai wajen da ruwa bai da zurfi ko can ƙasa. In shaho mai kamun kifi ya kawo sura bai nutse ba, shi ke nan, an cinye shi. Wani abincin kuma da ƙugiya a ciki. Kafin a tashi yaro ya san wa ke cin wa, ba tare da hadda ba, don da ransa ya biya kuɗin karatun.

To, amma ina ruwan ɗan Daura da kifin Oregon? Mu ma muna da namu. Ku tambayi iyayenmu, za su gaya muku dā ba a raba mahauta da ungulu. Yau fa, yaushe rabonku da ganinta? A 2015 aka sa irin ungulun nan tamu cikin jerin tsuntsayen da ke dab da ƙarewa a duniya. Guba na kashe ta, masu neman sassan jikinta don magani kuma na farautarta. Muna raina ta don ƙazanta, alhali ita ke share mana mushe kyauta. Indiya ta ɗanɗana rashinta: daga wajen 1990 wani maganin shanu, diclofenac, ya kusa ƙarar da ungulayensu, mushe ya yi ta ruɓewa, karnukan titi suka yawaita, har aka hana ba dabbobi maganin a 2006.

Saboda haka ina roƙon yayyenmu masu koyon kwamfuta a Kwalejin Fasaha ta Tarayya da ke nan Daura su tsara mana namu wasan da Hausa, wanda zai hau wayar hannu. Yaro ya zama ungulu, ya tashi daga kan kuka yana neman abinci, ya rarrabe mushe mai guba da mai kyau. In sun ga dama su ƙara da mujiya, wadda muke jifa da sunan mugun tsuntsu, ga shi kuwa ita ke rage mana ɓerayen da ke ɓarnar gero a rumbu.