Wa zai amsa laifin na'ura?

A fim ɗin Brazil na Terry Gilliam, wanda ya fito a 1985, wani ma'aikaci ya make ƙuda a ofis, gawar ƙudan ta faɗa cikin na'urar buga takardu, harafi ɗaya ya sauya. Takardar kama wani mai suna Tuttle sai ta fito da sunan Buttle. Jami'an tsaro suka faso ta rufin ɗakin wannan bawan Allah mai gyaran takalma, suka cusa shi a buhu a gaban 'ya'yansa, suka sa matarsa ta sa hannu, har da ba ta rasit na tafiya da mijinta. Can ya mutu a wajen tuhuma. Da kuskuren ya fito fili, abin da ya dami ofishin shi ne yadda za a mayar da kuɗin tuhumar da aka caje shi.

Don a yi dariya aka shirya fim ɗin, amma ni tausayi ne ya kama ni, domin irin wannan ya faru a zahiri. A Birtaniya, tsakanin 1999 da 2015, an hukunta masu kula da ƙananan gidajen waya sama da 900 bisa zargin sata ko maguɗin lissafi, alhali manhajar Horizon ta kamfanin Fujitsu ce ke nuna giɓin kuɗin da babu shi. Wasu sun sha ɗauri, wasu sun rasa gidajensu. Sai a 2024 majalisa ta yi dokar wanke su.

Mu ma muna da namu. Da idona na ga wata tsohuwa a layin tantancewa, yatsunta sun suɗe da surfe da wanki, na'ura ta ƙi kama babban yatsanta. Yaron da ke kan kwamfuta bai ko ɗago kai ba, ya ce, "Baba, ya ƙi hawa, ki dawo gobe." Daga ƙauye ta zo, kuɗin motar ma rance ne. Wani kuma watanni yake zirga-zirga don an rubuta masa Mohammed nan, Muhammad can.

Na'ura ba ta da kunya, ba ta da tausayi, ba kuma za ta tsaya gaban Allah ba. Wanda ke zaune a bayanta shi zai tsaya. Ina roƙon shugabannin ma'aikatu da bankuna su ajiye mutum ɗaya a kowane ofis, da sunansa a ƙofa, wanda ke da ikon duba fuskar mai ƙorafi da takardunsa, ya gyara kuskure a ranar.