A Ƙidaya Mu, a Sakar wa Ƙananan Hukumomi Kuɗinsu

Malam Edita,

Ka ba ni fili in yi magana kan Sandamu, ɗaya daga cikin ƙananan hukumomi biyar na masarautar Daura, tare da Daura, Baure, Zango da Mai'aduwa.

Rabon da a yi ƙidayar jama'a a Najeriya tun 2006, lokacin da aka samu mutum sama da dubu 130 a Sandamu. Yaran da aka haifa a shekarar sun isa kaɗa ƙuri'a, wasu ma har da 'ya'yansu. Ƙidayar 2023 kuwa aka ɗage ta. Da wane lissafi ake tsara azuzuwa, rijiyoyin burtsatse da maganin asibitin shakatafi? Ga shi yawan jama'a na cikin ma'aunin rabon kuɗin tarayya.

A Yulin 2024 Kotun Ƙoli ta ce a riƙa tura wa ƙananan hukumomi kasonsu kai tsaye. Muna roƙon a aiwatar da hukuncin sosai. Shugabanni da kansilolin da aka zaɓa a jiharmu a Fabrairun 2025 kuma su riƙa kiran dagatai, masu unguwanni da manoma a kowace mazaɓa, su karanta musu abin da ya shigo da inda aka kashe shi.

Naka,
Wani mai karatu daga Sandamu