Wasiƙa Zuwa Ga Masu Shirya Gasar Bolin Da Masu Riƙon Lissafinta

Ina rubuto muku wannan takarda ne, ya ku waɗanda aka ɗora wa nauyin tsara gasar bolin da riƙon alƙalamin lissafinta, saboda na lura idanun 'yan kallo da yabon jaridu duka a kan mai jifa suke ƙarewa, alhali kuwa hukuncin da ke raba wanda ya ci da wanda aka kayar, rabinsa a hannunku ake yanke shi tun ƙwallon farko ba ta gangara ba. Wanda aka ba irin wannan iko, ko da ba a kira shi alƙali ba, haƙƙin alƙalanci yana wuyansa.

Abubuwan da ido ke gani a wannan wasa an daɗe da daidaita su, ba kuma a kansu gardama take tashi ba. Tun da aka kafa babbar ƙungiyar bolin ta Amurka a birnin New York cikin 1895, aka yi ta daidaitawa har aka yi ittifaƙi a kan ƙa'idodin da har yau ake bi: ƙafa 60 daga layin haddi zuwa kwalbar gaba, kwalabe goma kowace tsayinta inci 15, ƙwallo kada ta wuce laba 16, zango goma a kowane wasa, maki 300 kuma shi ne maƙura. Abin da aka bar muku, wanda kuma ɗan kallo ba ya iya hangowa daga kujerarsa, shi ne man da ake shafa wa titin. Asalinsa don kare katako daga gugar ƙwallo aka fara shafa shi, amma da tafiya ta yi nisa sai ya zama shi ne mai mulkin wasan, domin ana shimfiɗa shi ne a kan wajen ƙafa 40 na farko, a bar sauran titin a bushe, ƙwallo ta yi ta sulɓi a kan mai har ta iske busasshen wuri, sannan ta kama ƙasa ta karkata ta shiga tsakanin kwalbar gaba da maƙwabciyarta. Shafin da gidajen wasa ke yi wa jama'a kullum yakan tara mai a tsakiya ya rage shi ƙwarai a gefe, har ya zama wanda ya kauce waje busasshen gefe ya komo da shi, wanda ya kauce ciki mai ya riƙe masa ƙwallo. Shafin manyan gasa kuwa kusan bai ɗaya ake yinsa, ba ya yafe kuskuren faɗin allo biyu na katakon titi. Ƙungiyar ƙwararru ta PBA, wadda aka kafa a 1958, har sunayen dabbobi ta laƙaba wa shafe-shafenta, irin su kunama da hawainiya, don kowa ya san da abin da zai kara.

To, tun da haka al'amarin yake, farillar farko a kanku ita ce ku zaɓi shafi ɗaya, ku bayyana shi a rubuce tun ranar da kuka buɗe rajista, ku liƙa taswirarsa inda kowa zai gani, kada wani ya sami labarinsa a asirce domin yana abokin mai gidan wasa. Sa'an nan ku tuna mai ba ya zama inda aka ajiye shi: ƙwallayen zamani suna shan sa, suna kuma jan sa gaba, ta yadda titin da rukunin safe ya taras ba shi ne wanda rukunin la'asar zai taras ba. Idan gasarku ta rukuni-rukuni ce, kuma a ƙarshe za ku haɗa makinsu a jeri guda, wajibi ne a wanke tituna a sake shafawa kafin kowane rukuni, da inji ɗaya da mai iri ɗaya. In kuwa kuɗi ko lokaci bai ba ku damar haka ba, gara ku fitar da waɗanda suka yi fice daga kowane rukuni daban, da ku auna mutane da mizani biyu ku ce ɗaya ne. Haka nan a raba tituna da ƙuri'a a gaban jama'a, a riƙa matsar da 'yan wasa zuwa wasu tagwayen tituna bayan kowane wasa, domin titin da ke kusa da ƙofa ko bango yana da halinsa, bai kamata ya zama rabon mutum ɗaya yini guda ba. Akwai kuma wani bambanci da ba ku da ikon kawar da shi gaba ɗaya, wato na bahagwai, waɗanda saboda ƙarancinsu ɓangarensu na titi ba ya saurin lalacewa. Abin da za ku iya shi ne ku warwatsa su cikin tituna gwargwadon hali.

Wanda yake ganin na tsananta a kan mai, ya tuna abin da ya sami Glenn Allison. A ranar 1 ga Yuli 1982, a garin La Habra na jihar Kalifoniya, wannan gwani ya yi wasa uku a jere kowane 300, wato jifa 36 babu wanda ya bar kwalba ko ɗaya a tsaye, jimla 900. Amma da aka duba titin bayan an gama, sai babbar ƙungiyar bolin ta Amurka ta ce shafinsa bai cika sharaɗi ba, ta ƙi tabbatar da makin. Sai a 1997 aka tabbatar da 900 na farko, na Jeremy Sonnenfeld a Lincoln ta jihar Nebraska. Har yanzu ma'abota wasan suna saɓani a kan wancan hukunci, ni kuwa abin da ya fi damuna a cikinsa shi ne mutumin da ba shi ya shafa mai ba, shi aka ɗora wa hasarar. Ku duba titinku, ku auna, ku sa shaidu su sa hannu kafin a fara. Binciken da aka jinkirta sai bayan an ga sakamako, ko da gaskiya ya faɗa, shubuha ba ta rabuwa da shi.

Game da lissafi kuwa, na sani inji ya karɓe muku yawancin wahalarsa, amma ina roƙonku kada ku ɗora kowa a kan tebur sai wanda zai iya yinsa da fensir. Ya san sitiraik, wato zubar da kwalabe duka da jifan farko, goma ne tare da abin da jifa biyu na gaba suka zubar, sifeya, wato ƙarasa zubar da su da jifa na biyu, goma ne tare da jifa ɗaya na gaba, zango na goma kuma yana iya kai jifa uku. Ya san wanda ya yi ta zubar da tara yana cikewa da sifeya daga farko har ƙarshe 190 zai tashi da shi, wanda ya yi ta musanya sitiraik da sifeya kuwa 200 cif. Dalilin wannan roƙo shi ne idon inji yana kuskure. Kwalba takan gusa daga mazauninta ba ta faɗi ba, hukuncinta tana tsaye. Wata injin ne da kansa yake ture ta, wannan sai a mayar da ita. Wanda ƙafarsa ta ƙetare layin haddi jifansa sifiri ne ko da goman sun zube. Kuskure guda a jifan da ke bin sitiraik biyu sau uku yake shiga lissafi. Kuma kada a ce kwalba ɗaya ba ta da yawa, domin da ita Pete Weber ya ci gasar US Open ta 2012, 215 da 214, a kan Mike Fagan. Idan gardama ta tashi ba a iya warware ta nan take ba, a sa ɗan wasa ya yi jifa na wucin gadi, a rubuta sakamakon biyu, a ci gaba, a bar hukunci ga kwamiti. Duk gyaran da aka yi kuma a yi shi a gaban abokin karawa, ya sa hannu.

Rangwamen maki, wanda ake yi domin mai rauni ya iya karawa da gwani, niyyarsa kyakkyawa ce, amma ita ce ƙofar da ha'inci ya fi shigowa. A ce kun ɗauki 220 ma'auni, kuna ba da kashi 90 cikin ɗari na tazara: mai matsakaicin 170 zai sami ƙarin 45 a kowane wasa, wanda kuwa ƙarfinsa 170 ne amma ya yi ta zubar da wasa da gangan har aka rubuta masa 150, zai sami 63, ribar 18 ke nan a wasa ɗaya, 108 a wasa shida, wanda ya isa ya ɗauke shi daga tsakiyar jeri ya kai shi kan kuɗi. Wannan da mai tauye mudu a kasuwa hukuncinsu ɗaya ne a wurina. Maganinsa shi ne ku nemi mafi girman matsakaicin da aka tabbatar wa mutum a kakar da ta wuce, a kan wasanni masu yawa, ku tambayi a kan wane irin shafi ya same shi, ku kuma rubuta a sharuɗɗa cewa kuna da ikon sake kimanta kowa kafin ya fara jifa, tare da mayar masa da kuɗinsa in bai yarda ba.

Ƙarshen gasa irin na tsani, inda na biyar ke karawa da na huɗu, wanda ya ci ya hau ya sami na uku, har a kai ga na ɗaya, talabijin ne ya ɗaukaka shi, kuma ba na musun daɗin kallonsa. Sai dai zuciyata ba ta natsuwa da ganin mutumin da ya yi kwanaki yana gaba da kowa ya rasa kambi a wasa ɗaya tak, a hannun wanda ya riga ya ɗumama hannu ya kuma karanci titin. In kun zaɓe shi, ku ware wa jagoran share fage kyauta tasa, ko ku shar'anta sai an kayar da shi sau biyu. Kunnen doki ma a faɗi yadda za a raba shi tun farko, ko da jifa ɗaya-ɗaya, ko da maimaita zango na tara da na goma.

Saura maganar kuɗi, wadda ita ce ta fi saurin ɓata zumunci. Ku rarrabe a takardar shiga abin da ke na kyauta, da na hayar tituna, da na ɗawainiya. Kason kyauta amana ne, a mayar da shi ga 'yan wasa gaba ɗaya, kamar yadda dokar ƙungiyar USBC ta Amurka ta tanada. Ku faɗi mutum ɗaya cikin nawa ne zai sami rabo, ku liƙa jerin sakamako na wucin gadi, ku ba da wa'adi sananne na ɗaukaka ƙara a rubuce, kada kuma a biya kowa sai wa'adin ya cika an tabbatar da matsakaicin duk wanda sunansa ya shiga jerin masu karɓa.