Babur Naki Ne, Takardun Fa?

'Yan'uwana mata, da yawa daga cikinmu a Yankwashi da Roni da Gwiwa mun kwashi adashi ko mun sayar da tumaki mun sayi babur, mun ba ƙani ko ɗan miji yana haya zuwa Kazaure. Madalla. To amma sunan wa ke jikin takardun?

Ranar da ma'aikatan duba motoci ko na Hukumar Kiyaye Haɗurra suka kama shi saboda lasin ya ƙare, ba za su tambayi wadda ta yi adashi ba. Mai suna a takarda suka sani. In sunan yaron ne, sai yadda ya ga dama, ke kuwa kina cikin gida kina jiran labari.

Saboda haka ki sa a yi rajista da sunanki, ki adana rasidin saye a akwatinki. In an kama, ki ce a kawo miki takardar laifin ki gani, a biya tara ta banki, a karɓo rasit. Kuɗin da aka miƙa a gefen titi ba shi da shaida. In an biya aka ƙi sakin babur, akwai kotu, akwai kuma Hukumar Karɓar Koke-koken Jama'a da aka kafa tun 1975, ba a biyanta ko kwabo.

Kada ki yi sanya. Dokar Hukumar Kiyaye Haɗurra ta 2007 ta yarje mata, in wata 6 suka wuce ba a zo ba, ta nemi iznin Babbar Kotu ta yi gwanjonsa.

Ku 'yan makaranta, ku karanta wa iyayenku mata ranar da lasin zai ƙare.