Zohran Mamdani: magajin garin New York zai koma roƙo a majalisar da ya baro

Ranar 1 ga watan Janairu 2026 Zohran Mamdani ya hau kujerar magajin garin New York, birni mafi yawan jama'a a Amurka. Shi ne Musulmi na farko da ya riƙe wannan muƙami, kuma yana da shekara 34 kacal. An yi ta murna a kafofin sada zumunta, har a nan gida. Amma mai son ya san ko zai cika alƙawuransa sai ya duba shekara biyar da ya yi yana ɗan majalisar dokokin jaha.

A Amurka, kamar a Najeriya, kowace jaha tana da gwamnanta da majalisarta. Ta jahar New York tana zama a garin Albany. Can Mamdani ya shiga a 2021, yana wakiltar unguwar Astoria ta yankin Queens, bayan ya kada mai riƙe da kujerar, Aravella Simotas, a zaɓen fidda gwani na jam'iyyar Democrat. An haife shi a Kampala ta ƙasar Yuganda a 1991, ya zo New York yana ɗan shekara bakwai, ya samu takardar zama ɗan ƙasa a 2018. Kafin siyasa, aikinsa shi ne bai wa talakawa shawara don kada banki ya ƙwace musu gida.

Dokokin da ya gabatar har suka samu shiga kaɗan ne, abin da abokan hamayya suka riƙa yi masa gori da shi. A titi ya yi suna. A 2021 direbobin tasi na birnin, waɗanda akasarinsu baƙin haure ne, sun nutse cikin bashin da suka ci don sayen lasisi. Darajar lasisin ta taɓa haura dala miliyan ɗaya, sai ta faɗi warwas bayan zuwan Uber. Mamdani ya shiga yajin ƙin cin abinci tare da su na kwana 15, har aka cimma yarjejeniyar rage bashin direbobi da yawa zuwa dala 170,000.

Gwajin bas kyauta kuwa darasi ne na daban. A 2023 ya taimaka aka sa layuka biyar cikin kasafin kuɗin jaha, fasinja na shiga ba biya. Bayan shekara guda Albany ba ta sabunta kuɗin ba, shirin ya tsaya.

Nan gizo ke saƙa. Mamdani ya kada tsohon gwamna Andrew Cuomo sau biyu a 2025, a zaɓen fidda gwani na watan Yuni da babban zaɓen 4 ga Nuwamba, da batu ɗaya: tsadar rayuwa. Ya yi alƙawarin hana ƙarin kuɗin haya a gidaje wajen miliyan ɗaya da doka ke ƙayyade farashinsu, da bas kyauta, da renon yara kyauta. Na farko ne kawai ke kusa da hannunsa, domin magajin gari ke naɗa kwamitin mutum tara da ke yanke kuɗin hayar. Hukumar sufuri ta MTA tana ƙarƙashin jaha. Ƙarin harajin kashi 2 cikin ɗari da yake so a ɗora wa masu samun sama da dala miliyan ɗaya a shekara, shi ma sai majalisar jaha da gwamna sun amince.

Gwamna Kathy Hochul ta mara masa baya a zaɓe, amma ta sha nuna ba ta son ƙara harajin kuɗin shiga, ga shi tana neman wani wa'adi a Nuwamba 2026. Ke nan mutumin da ya saba tsayawa ƙofar gwamnati da lasifika, yanzu dole ya zauna ciniki da tsofaffin abokan aikinsa, ya karɓi rabi inda ya nemi duka.

Abin ya shafi ƴan Afirka ta Yamma da ke Bronx da Harlem, har da ƴan Nijar, waɗanda kuɗin haya da na mota ke cinye abin da za su aiko gida. Su ba addinin magajin gari zai rage musu nauyi ba. Kasafin kuɗin da Albany za ta amince da shi, wanda shekararsa ke farawa 1 ga Afrilu, shi za su zuba wa ido.