El Santo: Jarumin da Aka Binne da Takunkuminsa

A wannan makon za mu leƙa Meziko.

Rodolfo Guzmán Huerta ɗan kokawa ne da ya fara shiga fage da sunan El Santo a 1942, fuskarsa rufe da takunkumi mai launin azurfa. Daga 1952 aka riƙa buga labaransa a mujallar zane, a 1958 kuma ya yi fina-finansa na farko a Kyuba. Ya fito a fim sama da hamsin, yana dambatawa da mayu masu shan jini, gawarwaki masu tafiya da mugayen masana kimiyya. Kuɗin da ake kashewa kaɗan ne, dodannin ma wani lokaci dariya suke ba mutum. Masu sharhi sun raina su, amma talakawa suka cika sinima.

Mu dai a ganinmu, sirrin yana cikin takunkumin nan. A kokawar Meziko akwai karon da ake sa takunkumi a caca: wanda aka kayar sai ya tuɓe nasa a bainar jama'a, a faɗi sunansa na yanka. Ke nan duk sanda Santo ya shiga fage, 'yan kallo sun san abin da zai iya rasawa. Shi kuwa ya riƙe amanar har a waje. Ba ya bari a ga fuskarsa. Sai a Janairun 1984 ya ɗan ɗaga shi a talabijin, ya rasu ranar 5 ga Fabrairu, aka binne shi da abinsa.

To, mu duba rubuce-rubucenmu. Jaruminmu kyakkyawa ne, ɗan Alhaji, motoci birjik. Me zai rasa idan ya faɗi? Sau da yawa babu. Shi ya sa mai karatu ke mance sunansa kafin ya rufe waya.

Ba mu ce a kwaikwayi Santo ido rufe ba. Rashin faɗuwarsa a fim ya sa labaran suka yi ta maimaita kansu, har kasuwar ta mutu a ƙarshen shekarun 1970. Amma 'yan Meziko daga fagensu suka ɗauko jarumi, haka Blue Demon da Mil Máscaras. Mu ga Shago a dambe, ga takobin kokawar Nijar da ake kuka a kansa duk shekara. Littafi nawa muka gina a kan ɗan damben da aka kashe a gaban garinsu, makaɗinsa na kallo?